Anna Shibanova, 'yar bayan tawagar matan Rasha a hokin ƙanƙara: tambayoyi da amsoshi

Duk lokacin da gasar Olamfik ta hunturu ta zagayo, masu bin wasanni kan yi ta tambayar ina tawagar Rasha ta shige, me ya sa wani lokaci ake rubuta OAR ko ROC a gurbin sunan ƙasar, kuma wa ya yi laifin da ya jawo haka. Bin sawun mutum ɗaya ya fi sauƙin warware wannan ƙulli, shi ya sa aka tattara tambayoyin nan a kan Anna Shibanova, wadda kusan duk abin da ya faru da tawagar tun daga 2013 ya bi ta kanta. An fara da masu sauƙi, don wanda bai taɓa kallon wasan ba.

Wace ce Anna Shibanova?

'Yar wasan hokin ƙanƙara ce, mai buga baya. An haife ta ranar 10 ga Nuwamba, 1994, a Omsk, birnin da ke yankin Saiberiya a bakin kogin Irtysh, inda ƙanƙara ke kwana a ƙasa wata da watanni. Tagwaye ne, kuma 'yar uwarta Tatiana ita ma hoki ta buga. Da a nan ne, da Hassana da Usaina za a kira su. Kulob ɗin da aka san ta da shi shi ne Agidel na birnin Ufa.

Da rigar ƙasa ta ɗauki lambar tagulla sau biyu a gasar cin kofin duniya ta mata, a 2013 da 2016. Ta buga Olamfik a Sochi a 2014 da kuma Beijing a 2022. Wadda ke tsakaninsu, ta 2018, hana ta zuwa aka yi, kuma bayanin wannan yana ƙasa, a tambayoyin da suka shafi ƙwayoyin ƙara kuzari.

Yaya ake buga wannan wasa, kuma mene ne aikin 'yar baya?

Filin ƙanƙara ne shimfiɗaɗɗe, mita 60 a tsayi, faɗinsa ya kai mita 30 a ma'aunin Turai, an kewaye shi da katanga. Kowane ɓangare mutum shida ne: mai tsaron gida, 'yan baya biyu, 'yan gaba uku. Takalminsu na da bakin ƙarfe siriri a ƙasa kamar wuƙa, a kansa suke sulɓi. Ba ƙwallo ake bugawa ba, wani baƙin faifan roba ne mai tauri, faɗinsa bai wuce santimita 8 ba, nauyinsa gram 156 zuwa 170, ana tura shi da sanda mai lanƙwasa. Wasan zango uku ne, kowanne minti 20, kuma agogo na tsayawa da zarar alƙali ya busa. Saboda gudun da ake yi, ba mai iya daɗewa a ciki: 'yar wasa kan yi ƙasa da minti ɗaya ko ɗan fiye, ta koma benci wata ta tsallako, wasa bai tsaya ba.

Wanda ya saba da ƙwallon ƙafa zai ɗauka aikin 'yar baya tarewa ne kurum. Rabinsa ke nan. Idan abokan hamayya suka taso, ita da abokiyar aikinta suna sulɓi ne da baya da baya, fuska na kallon mai tahowa, sanda a miƙe, suna matse ta zuwa jikin katanga don kada ta samu tsakiya. Idan aka ɗirko faifan, sau da yawa da ƙwauri ko da ƙirji take tare shi. Idan ta ƙwato, ita ce mai ba da turin farko da zai fitar da tawagar daga gida, kuma nan ake gane gwana, domin turi ɗaya da ya kauce ya isa a zura musu.

Sauran rabin kuwa a gidan abokan hamayya yake. 'Yar baya kan tsaya a kan shuɗin layin da ya raba filin, ta hana faifan fita, ta kuma ɗirka daga nesa ta tsakanin ƙafafun mutane, mai tsaron gida ba ta gani sosai. Wannan matsayi ya fi daraja idan an kori 'yar ɗaya ɓangaren na minti biyu saboda laifi, aka zama biyar da huɗu, ban da masu tsaron gida. A riƙe wannan, don zai dawo a labarin Ottawa.

Gaskiya ne mata ba sa bangazar juna kamar maza?

A dokar Hukumar hokin ƙanƙara ta duniya, IIHF, haka ne. A gasar duniya ta farko ta mata, wadda aka yi a Ottawa a 1990, an yarda da bangaza, daga baya aka hana. Gogayya wajen neman faifai halas ce, amma ki taho da gudu ki maka wata da katanga da gangan, wannan benci ne na minti biyu. Mata kuma dole su rufe fuska gaba ɗaya da raga ko gilashi.

'Yar baya ce dokar ta fi shafa. Namiji zai iya gyara kuskurensa da ƙarfin kafaɗa. Ita kuwa sai ta riga ta karanta inda faifan zai bi, ta isa wurin kafin mai shi.

Me ya faru a Ottawa a 2013 da ake yawan ambaton sunanta?

Kafin wannan shekara, lambar Rasha ɗaya ce tak a gasar duniya ta mata, tagullar 2001. A Olamfik ta Vancouver a 2010 ma a ta shida suka ƙare. Ga shi kuma su ne za su karɓi baƙuncin duniya a Sochi, ba a son a ji kunya a gida. Sai hukumar hokin ƙasar ta waiwayi matan, ta naɗa Alexei Yashin, tsohon tauraron da ya yi suna a kulob ɗin Ottawa na gasar NHL ta Arewacin Amurka, ya zama manajan tawagar, Mikhail Chekanov kuma koci.

A wasan kusa da na ƙarshe Kanada ta lallasa su da ci 8 da 1. Sai wasan neman na uku da Finland ranar 9 ga Afrilu. Zango biyu suka wuce babu ci, mai tsaron gidan Rasha Nadezhda Alexandrova tana ta kaɗe duk abin da aka aiko mata. A zango na uku aka kori 'yar Finland ɗaya, kuma a cikin wannan dama Shibanova ta zura ta farko. Alexandra Vafina ta ƙara ta biyu, aka tashi 2 da nema. Shekarar Shibanova 18 a lokacin. Yarinyar da aka sa ta tsare gida ita ta kawo ƙarshen jiran shekara 12.

Tagulla ce fa kawai. Me ya sa ake ɗaukarta babban abu?

Saboda zinare da azurfa suna da masu su. Tun da aka shigar da hokin mata cikin Olamfik a Nagano a 1998, Kanada da Amurka ne ke karɓe zinaren tsakaninsu. A 2006 Suwidin ta kutsa wasan ƙarshe, ta tsaya a azurfa. A gasar duniya ma sai a 2019 aka ga wata ƙasa dabam a wasan ƙarshe, wato Finland. Ratar ta yi yawa har shugaban kwamitin Olamfik na lokacin, Jacques Rogge, ya yi kashedi a 2010 cewa wasan ba zai ɗore a gasar ba muddin sauran ƙasashe ba su matso ba.

Don haka ga 'yar Rasha ko Finland ko Suwizalan, tagulla ita ce kofin da hannu zai iya kaiwa. Dubi 2016 a Kamloops ta Kanada: Amurka ta zura wa Rasha 9 babu ko ɗaya a wasan kusa da na ƙarshe, amma da suka haɗu da Finland aka ƙare lokaci har da ƙari babu wanda ya ci, sai a bugun daga kai sai mai tsaron gida ne 'yar gaba Olga Sosina ta raba gardama. Wasan da aka tashi babu ci na tsawon wannan lokaci, aikin mai tsaron gida ne da 'yan baya, ko da sunan 'yar gaba ne zai hau kanun labarai.

Yaya wasansu ya kasance a Sochi a 2014?

Sun fara da ƙafar dama. Suka doke Jamus 4 da 1, Japan 2 da 1, Suwidin 3 da 1, suka ja ragamar rukuninsu. A wasan kwata fainal Suwizalan ta tare musu hanya da ci 2 da nema, mai tsaron gidanta Florence Schelling ta hana komai wucewa. Daga nan suka doke Japan, Finland ta rama abin da aka yi mata a Ottawa da ci 4 da nema, Rasha ta ƙare a ta shida.

Idan ka duba kundin sakamakon a yau, ba za ka ga wannan matsayi ba. An soke shi. Dalilin yana cikin amsa ta gaba.

Wane irin maguɗi aka ce an yi a Sochi, kuma ta yaya ya shafe ta?

A watan Mayun 2016 Grigory Rodchenkov, wanda ya shugabanci ɗakin gwajin fitsarin 'yan wasa na Mosko kuma ya kula da na Sochi, ya fasa ƙwai bayan ya tsere zuwa Amurka. Hukumar yaƙi da shan ƙwayoyin ƙara kuzari ta duniya, WADA, ta ɗora wa wani lauya ɗan Kanada, Richard McLaren, bincike, ya fitar da rahoto kashi biyu, a Yuli da Disamban wannan shekara. Abin da rahoton ya bayyana ya yi kama da tatsuniya. An huda wani ɗan rami a bangon ɗakin gwajin, kusa da ƙasa. Cikin dare sai a zura kwalaben fitsarin 'yan wasan Rasha ta ramin zuwa ɗakin da ke maƙwabtaka, jami'an leƙen asiri su buɗe murfin da kamfanin da ya ƙera shi ya ce ba ya buɗuwa sai an fasa, a zubar da abin da ke ciki, a zuba tsaftataccen fitsarin da aka tara aka daskarar tun watanni kafin gasar. Don kaurinsa ya dace da abin da aka rubuta a takarda ranar gwaji, sai a ƙara gishiri ko ruwa. Kafin gari ya waye kwalba ta koma mazauninta. Gwamnatin Rasha ta musanta cewa da hannunta a ciki.

Gishirin nan shi ya tona asiri. Da aka sake auna kwalaben, an tarar da wasu ɗauke da gishirin da ƙodar ɗan Adam mai lafiya ba za ta iya fitarwa ba. Wasu murafen na da ƙarce ta ciki. Rahoton ya kuma ce an samu ƙwayar halittar namiji a fitsarin mata biyu 'yan hoki.

Kwamitin Olamfik na duniya ya kafa kwamitin ladabtarwa ƙarƙashin Denis Oswald ɗan Suwizalan. Ranar 12 ga Disamban 2017 ya yanke wa 'yan hoki shida hukuncin haramcin Olamfik har abada: Shibanova, Inna Dyubanok, Galina Skiba, Yekaterina Lebedeva, Yekaterina Pashkevich da Yekaterina Smolentseva. Kafin watan ya ƙare aka ƙara Tatiana Burina da Anna Shchukina. Mutum takwas ke nan daga tawaga ɗaya, aka kuma soke sakamakon tawagar baki ɗaya.

To an wanke ta daga baya, ko ba a wanke ta ba?

Ba a wanke ta ba, sassauci ta samu, kuma nan ne mutane suka fi yin kuskure. Ranar 1 ga Fabrairun 2018 kotun sauraron ƙararrakin wasanni ta duniya da ke Lausanne ta yanke hukunci a kan ƙarar 'yan wasan Rasha 39. Ta soke hukuncin 28 saboda hujjar da aka kawo a kan kowannensu ba ta isa ba. A cikinsu akwai 'yan hoki biyar. Kotun ta ce ƙarce a murfi kaɗai bai tabbatar da laifin mai kwalbar ba, kuma sakatarenta ya fito ya ce wannan ba shaidar cewa hannunsu tsarkakakke ne ba. Sauran 11 kuwa ta tabbatar sun karya doka. Shibanova na cikinsu, tare da Dyubanok da Skiba. Abin da aka rage musu shi ne tsawon hukuncin: maimakon har abada, sai ya tsaya a gasar 2018 kaɗai.

A ganina abu biyu ne a nan, kuma babu wanda ya goge ɗaya. Kotun da ta sallami mutum 28 ba mai neman a ce ta hukunta ba ce, don haka riƙe ta da ta yi yana da nauyi. A ɗaya gefen, shekararta 19 a Sochi, kuma ba 'yar shekara 19 ce ke huda bango ko ta aika jami'in leƙen asiri ya buɗe kwalba ba. Dokar wasanni ta ɗora wa ɗan wasa alhakin abin da ya fito daga jikinsa, shi ya sa sunanta ne ke rubuce a takardar hukunci.

Me tawagar ta yi a 2018 ba tare da ita ba?

Abin mamaki, sakamakon da ya fi kowanne kyau a tarihinsu na Olamfik. An dakatar da kwamitin Olamfik na Rasha tun 5 ga Disamban 2017, waɗanda aka tantance suka je PyeongChang ta Koriya ta Kudu da sunan OAR, ma'ana 'yan wasan Olamfik daga Rasha, babu tuta babu taken ƙasa. Matasa ne akasari, irin su Nina Pirogova da ke tsaron baya tana da shekara 19. Sun sha kashi a duk wasanninsu na rukuni, sai suka farka suka zura wa Suwizalan 6 da 2 a kwata fainal. Kanada ta tsayar da su da 5 da nema, Finland ta ƙwace tagulla da 3 da 2, suka ƙare a ta huɗu.

Wannan ce gasar hunturun da Najeriya ta fara halarta, inda Seun Adigun da abokan tafiyarta suka shiga tseren keken ƙanƙara. Mai yiwuwa wasu a cikinmu a ranar suka fara ganin haruffan OAR a talabijin.

Me ya sa a Beijing aka kira su ROC?

Hukunci ne na dabam, kodayake tushensa ɗaya. WADA ta gano an taɓa bayanan kwamfutar ɗakin gwajin Mosko kafin a miƙa mata su, sai a Disamban 2019 ta haramta wa Rasha amfani da sunanta da tutarta na shekara huɗu. Kotun Lausanne ta rage zuwa biyu, har zuwa Disamban 2022. ROC gajeren sunan kwamitin Olamfik na ƙasar ne. A ƙarƙashinsa Shibanova ta koma Olamfik tana da shekara 27, shekara takwas bayan Sochi.

Cutar korona ta wargaza musu shiri, 'yan wasa da dama suka shiga killace. Sun doke Suwizalan 5 da 2 a wasan farko. Wasansu da Kanada ranar 7 ga Fabrairu shi ne wanda ba a mantawa: 'yan Kanada suka ƙi fitowa saboda sakamakon gwajin 'yan Rasha bai iso ba, aka yi jinkirin kusan awa guda, daga ƙarshe kowa ya shiga fili da takunkumi a ƙarƙashin ragar fuska. Ka ƙiyasta gudun da aka bayyana a tambaya ta biyu, sannan ka toshe hanci da baki. Da sakamakon ya iso, 'yan Rasha suka cire nasu a zango na uku, 'yan Kanada suka bar nasu, suka kuma ci 6 da 1. A kwata fainal Suwizalan ta fitar da su da 4 da 2, suka tashi a ta biyar.

Su wa ne ainihin abokan hamayyar Rasha a zamaninta?

Finland da Suwizalan, kamar yadda amsoshin baya suka nuna. Da Finland ake raba tagulla: Rasha ta ci a 2013 da 2016, Finland ta ci a 2015 da 2018. Suwizalan kuwa ita ce mai gadin ƙofar kwata fainal. Ta rufe musu ita a Sochi da Beijing, su kuma suka ɓalle ta a PyeongChang. Haɗuwa da Kanada ko Amurka lissafin rage yawan ci ne. A 2019 da aka yi rashin sa'a Kanada ta faɗo wasan neman na uku, 7 da nema ta yi musu.

Inda Rasha ta taɓa zinare shi ne gasar ɗaliban jami'o'i ta duniya, a 2015 da 2017 da 2019, kuma Shibanova na da rabo a wannan zinare. Sai dai Kanada da Amurka ba sa tura manyan 'yan wasansu can.

Wane irin kulob ne Agidel?

Ufa ce hedikwatar jamhuriyar Bashkortostan, kusa da tsaunukan Ural, yankin da Musulmi ke da yawa, Bashkirawa da Tatar. Agidel sunan da Bashkirawa ke kiran kogin da ya ratsa birnin ne, ma'anarsa farin kogi. Kulob ɗin na ƙarƙashin inuwar Salavat Yulaev, babban kulob ɗin maza na garin. Gasar mata ta ƙwararru a Rasha ta ɗauki sabon tsari a 2015, kuma Agidel ta lashe ta a 2018 da 2019 da 2021. Wato a daidai watannin da aka hana Shibanova zuwa Koriya, kulob ɗinta ya ɗauki kofinsa na farko a gasar.

Me ya sa ba a ƙara ganin tawagar ba tun 2022? Har yanzu batun ƙwayoyi ne?

A'a, yaƙi ne. An rufe gasar Beijing ranar 20 ga Fabrairun 2022, ranar 24 sojojin Rasha suka shiga Yukren, ranar 28 IIHF ta dakatar da Rasha da Belarus daga dukkan gasanninta, ta kuma yi ta sabunta dakatarwar shekara bayan shekara, tana kafa hujja da tsaron 'yan wasa da 'yan kallo. Kwamitin Olamfik ya bar ƙofa ga ɗaiɗaikun 'yan wasa su shiga a matsayin 'yan ba-ruwanmu, amma ban da wasannin tawaga. Gurbin da matsayin Rasha ya ba matan a gasar Milan ta 2026, Faransa aka bai wa.

Wasu sun nemi mafita ta kulob: a 2025 kulob ɗin Ottawa na sabuwar gasar ƙwararrun mata ta Arewacin Amurka ya zaɓi Anna Shokhina da Fanuza Kadirova, dukkansu 'yan gaba.

A taƙaice, Olamfik nawa za a ce ta buga wa Rasha?

Ya danganta da wanda ka tambaya. A fili, biyu ta buga. A takarda kuwa, ta 2014 ita kaɗai ta sa riga mai sunan Rasha, kuma ita aka soke. Ta 2018 hukuncin kotu ya zaunar da ita a gida. Ta 2022 ta buga kuma sakamakon na nan, amma sunan da ke kansa ROC ne. Ta 2026, lokacin tana da shekara 31, tawagar gaba ɗaya aka rufe wa ƙofa. Tagullar 2013 da ta 2016 hukuncin Sochi bai taɓa su ba, suna nan a kundin IIHF da sunan Rasha.